Masanin da kyamara ta zaɓa

Duk wanda ya saba kallon dokumentari a kan tarihi ko matsalolin al'umma ya san mutumin nan, ko da bai riƙe sunansa ba. Yana zaune a kujera, kantar littattafai a bayansa, haske ya bugi gefen fuskarsa, idonsa na kan wani da ba mu gani a kusa da kyamara. A ƙasan allo an rubuta sunansa da muƙaminsa: masanin tarihi, marubuci, mai sharhi kan al'amuran yau da kullum. Zai yi magana ta daƙiƙa 20, a ɗauke shi, a sako tsofaffin hotuna da kiɗa mai sanyi, can a sake dawo da shi. Bana yana bayanin cinikin bayi, baɗi yana fashin baƙi kan yaƙin duniya, shekara ta zagayo ka tarar da shi a shirin gidajen yari ko na miyagun ƙwayoyi. Ga wasu, zaman wannan kujera ya zama sana'a sukutum, har idan za a gabatar da su ba a cewa ga littafin da suka rubuta, sai dai a lissafo shirye-shiryen da suka fito a ciki.

Ba na cikin masu cewa a tashi kujerar. Damuwata ita ce yadda ake samun ta da yadda ake daɗewa a kanta. Ilimi na iya kai mutum bakin ƙofa, amma abin da ke sa a sake kiransa sau goma shi ne daɗin baki, kuma mai kallo da ke gida ba shi da hanyar rarrabe biyun.

A shekarar 1990 tashar PBS ta Amurka ta nuna The Civil War na Ken Burns, kashi 9, kimanin awa 11, a kan yaƙin basasar ƙasar na 1861 zuwa 1865. Mutum kusan miliyan 40 suka kalla. Tauraron shirin shi ne Shelby Foote, dattijo mai furfurar gemu ɗan jihar Mississippi, mai murya irin ta mutanen Kudu da ke fita a hankali kamar ba ya so ya ƙarasa. Idan yana ba da labarin wani janar sai ka rantse jiya suka rabu. Yakan yi ɗan murmushi kafin ya kai ƙarshen labari, ya kawar da kai, ya bar ka da jimla ɗaya da za ta kwana a kunnenka. Asalinsa marubucin ƙagaggun labarai ne, ya kuma shafe shekara 20 yana rubuta tarihin yaƙin cikin mujalladi 3 da suka fito tsakanin 1958 da 1974, ba tare da manazarta a ƙasan shafi ba. Bayan shirin littattafan suka yi kasuwa, da bakinsa ya ce Burns ya mai da shi miloniya.

Waɗanda suka zauna suka ƙirga daga baya sun tarar Foote ya samu kusan minti 46 a allo, ita kuwa Barbara Fields, ƙwararriyar masaniyar tarihi ta Jami'ar Columbia, ba ta cika minti 9 ba. Bambancin ya wuce na lokaci. Fields ta tsaya a kan cewa bauta da 'yancin baƙaƙen fata kusan miliyan 4 su ne zuciyar yaƙin. Foote ya ɗora laifin a kan gazawar Amurkawa wajen yin sulhu a tsakaninsu, ya kuma jera Nathan Bedford Forrest tare da Abraham Lincoln a matsayin haziƙai biyu da yaƙin ya fitar. Forrest ɗin nan dillalin bayi ne kafin yaƙi, bayan yaƙi kuma shi ne shugaban farko na Ku Klux Klan, ƙungiyar fararen fata masu ta'addanci a kan baƙaƙe. A yi wa Burns adalci, shirinsa bai ɓoye bauta ba, da ita ma ya fara. Amma muryar da mutane suka tafi da ita gida ta Foote ce. Abin da ya fi ba ni takaici shi ne akwai takarda: sanarwar da jihar Mississippi, jihar Foote ta haihuwa, ta fitar a Janairun 1861 lokacin da ta ɓalle, inda ta faɗi ƙarara cewa matsayinta ɗaure yake da bauta. Ba mu ga inda aka miƙa masa ita a gaban kyamara aka ce, ranka ya daɗe, karanta mana wannan, sannan ka sake gaya mana sulhun me aka kasa yi ba.

Ban ɗauka Burns ya zauna ya ƙulla wani makirci ba. Ya shiga ɗakin tace hoto ne da tarin kaset, kuma duk inda labari ya so ya yi sanyi, Foote na da abin da zai tayar da shi. Haka aikin yake, kuma ya kamata mai kallo ya san yadda ake dafa abin da ake zuba masa.

Ana zaunar da mai sharhi awa biyu, wani lokaci uku. Kafin a kunna kyamara za a roƙe shi ya riƙa saka tambayar cikin amsarsa, domin muryar mai tambaya ba za ta fito a shirin ba. Wannan ƙaramar buƙata tana da nauyi: idan an tambaye shi ko yunwa ce ta haddasa boren, dole ya fara da "yunwa ta haddasa boren ta fuskar cewa", alhali ba shi ya kawo zancen yunwa ba. Idan ya yi bayani mai kyau na minti 4, darakta zai ce madalla, to a sake faɗa mana cikin jimla ɗaya. Ya sake. A ce a ƙara taƙaitawa. A karo na uku duk "wataƙila" da "a wasu yankuna" da "masana sun saɓa a kan wannan" sun zube, saura magana tsirara mai kaifi, ita ce kuma za ta shiga shirin. Inda aka yanke tsakiyar zancensa aka haɗa farko da ƙarshe, sai a rufe wurin da hoton jirgin ruwa ko na taron jama'a, kunne ba zai ji ɗinkin ba. Mutumin da ya ƙi yarda a zubar masa da "wataƙila" ana gode masa da fara'a, ba a sake nemansa.

Wani lokaci abin ya wuce taƙaitawa. A 2007 tashar Channel 4 ta Birtaniya ta nuna The Great Global Warming Swindle, shirin da ke musanta cewa ɗan Adam ne ke jawo ɗumamar yanayi. Cikin masanan da aka nuna har da Carl Wunsch, masanin teku na jami'ar MIT. Da shirin ya fito ya ce an yaudare shi: ya yi bayanin yadda teku ke sakin iskar kabon idan ya ɗumama domin ya nuna haɗarin da ke tafe, aka dasa maganarsa a inda za ta ba da akasin haka. A 2008 hukumar Ofcom mai sa ido kan kafafen watsa labarai ta yanke cewa ba a yi masa adalci ba, domin ba a sanar da shi ainihin irin shirin da zai shiga ba. To hukuncin mutum nawa suka karanta, shirin kuma mutum nawa suka kalla?

Sai batun yadda ake zaɓe tun farko. Wanda aka ɗora wa neman masu magana galibi ƙaramin ma'aikaci ne da lokaci ya ƙure wa. Abu mafi sauƙi gare shi shi ne ya kalli shirye-shiryen da aka riga aka yi a kan batun, ya ga wa ya iya magana, ya nemi lambarsa. Ta haka wanda ya fito sau ɗaya yake fitowa sau biyar, wanda ya fito sau biyar ya zama "fitaccen masani", a fara kiransa kan abin da ke maƙwabtaka da fanninsa, daga nan kan abin da ko hanya ba su haɗa ba. Kuɗin zaman kansa sau da yawa bai taka kara ya karya ba. Ribar tana wajen suna: littafi ya sayu, a gayyace shi lacca, jarida ta ba shi shafi. Shi ya sa cewa a'a take da tsada. Ita kuwa malamar da ta ƙarar da shekara 15 a ɗakin ajiye tsofaffin takardu kan wannan batu takamaimai, amma take in'ina idan fitila ta haske ta, ko take zaune a ƙasar da kai kyamara can zai ci kuɗi, ba wanda zai ji ɗuriyarta.

Kujerar kanta tana ba da kwarjini, ko wa ya hau. Tashar History ta Amurka ta shafe sama da shekara 10 tana nuna Ancient Aliens, inda ake zaunar da mutane da kanta a baya da haske a gefen fuska, iri ɗaya sak da na farfesoshi, suna nuna cewa ƙila wasu halittu daga sararin samaniya ne suka taimaka aka gina dalar Masar. An tono ƙauyen ma'aikatan da suka gina dalar Giza, da makabartarsu, da wuraren da ake gasa musu burodi. Duk da haka mai kallo da bai san wannan ba yana ganin mutum biyu a kujera iri ɗaya, da rubutu iri ɗaya a ƙasan allo, ya ɗauka saɓanin masana ne.

Akwai masu cewa maganin abin shi ne a sallami masu sharhi gaba ɗaya, a bar ganau su yi magana, tunda waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Suna da hujja mai ƙarfi. Henry Hampton ya yi haka a Eyes on the Prize na 1987, tarihin gwagwarmayar baƙaƙen fatan Amurka: masana sun yi aiki a bayan fage, amma waɗanda aka zaunar gaban kyamara su ne waɗanda suka yi tattakin, da waɗanda aka daka, da jami'an da suka tsaya a ɗaya ɓangaren. Har yau shirin bai tsufa ba. Sai dai ganau ma yana da abin da yake karewa. A The World at War na 1973, kashi 26 da Jeremy Isaacs ya shirya, an zaunar da Albert Speer, ministan makaman Hitler, wanda ya yi zaman ɗaurin shekara 20 ya fito daga kurkukun Spandau a 1966. Ya yi magana cikin natsuwa da Turanci mai tsabta, da siffar mutumin kirki da ya tsinci kansa cikin miyagu. Tun daga shari'ar Nuremberg da aka yi wa manyan gwamnatin Hitler bayan yaƙi yake gina wannan hoto na wanda bai san ana yi wa Yahudawa kisan ƙare dangi ba, bincike daga baya ya rushe shi. Irin wannan baƙo idan aka bar shi shi kaɗai da kyamara, wanke kansa zai yi tas. Ana buƙatar wanda ya karanta fayilolin ma'aikatarsa ya zauna a kujera ta gaba.

Wanda nake auna kowane mai sharhi da shi shi ne Raul Hilberg. A Shoah na Claude Lanzmann, fim a kan kisan ƙare dangin da gwamnatin Hitler ta yi wa Yahudawa, wanda ya fito a 1985 kuma ya haura awa 9, babu tsohon hoto ko ɗaya, kusan duk masu magana waɗanda abin ya faru a idonsu ne, masanin tarihin da aka ba wuri shi ne Hilberg, marubucin The Destruction of the European Jews na 1961. Ba shi da fara'ar Foote, fuskarsa a murtuke take. Abin da ya yi shi ne ya ɗauko takarda guda, jadawalin jirgin ƙasa na hukumar jiragen Jamus mai lamba 587, ya bi ta layi-layi. Ga tashar da jirgin ya tashi, ga lokacin da ya isa sansanin kisa na Treblinka, ga alamar da ke nuna ya tafi a cike, ga wadda ke nuna ya juyo babu kowa, ga garin da zai je ya sake lodi. Ya nuna cewa tambarin sirrin da ke kan takardar mafi ƙanƙanta ne, ma'ana ta bi ta hannun ma'aikatan tasha da yawa. Ya bayyana cewa hukumar jiragen kuɗin tikiti take caja kan kowane kai kamar masu tafiya yawon buɗe ido, yara 'yan ƙasa da shekara 10 rabin kuɗi, 'yan ƙasa da 4 kyauta, kuma daga dukiyar da aka ƙwace wa Yahudawan ake biya. A cikin fim ɗin ya ce shi bai taɓa farawa da manyan tambayoyi ba, don tsoron kada ya ƙare da ƙananan amsoshi.

Wanda ya kalli wannan wuri ba ya buƙatar ya yarda da Hilberg don muƙaminsa. Takardar tana gabansa, yana iya bin yatsan mutumin. Kuma Hilberg ya yi magana ne a kan abu ɗaya da ya ba rayuwarsa. Ba za ka same shi mako mai zuwa yana sharhin daular Rum ba.

Akwai wata hanyar ta gaskiya, wato mai sharhi ya fito fili ya ɗauki shirin a kansa. Ali Mazrui, ɗan Mombasa ta Kenya, ya yi haka a 1986 da The Africans: A Triple Heritage, kashi 9, inda ya kafa hujjar cewa Afirka ta yau gadon abu uku ce, al'adun gargajiya da Musulunci da Turawan Yamma. Shi ya rubuta, shi ya tsaya gaban kyamara, ba wanda ya yanka maganarsa ya jera ta a bayan ra'ayin wani. Sakamakon haka aka san ƙofar da za a ƙwanƙwasa. Lynne Cheney, wadda a lokacin take shugabantar hukumar Amurka da ta ba da wani kaso na kuɗin aikin, ta ce shirin cin mutuncin Yamma ne, ta sa aka cire sunan hukumarta. Wole Soyinka ya zarge shi da fifita Musulunci a kan addinan gargajiya, suka yi ta musayar zafafan rubuce-rubuce. Da masanin Amurka Henry Louis Gates ya fitar da shirinsa na Wonders of the African World a 1999, Mazrui ne kan gaba wajen yi masa kaca-kaca. Ina ganin wannan rigima lafiya ce. Kowa ya san ra'ayin wane ne, kowa ya san wa zai mayar wa martani. Shirin da ya jera masana 12 kowanne da jimla biyu ya fi wuyar kamawa, domin ra'ayin na darakta ne amma da bakin wasu aka faɗe shi, idan ka je wurin darakta ya ce ai masana ne suka faɗa, idan ka je wurin masanin ya ce ai an yanke.

Kada a ce na manta da alherin sana'ar. Littafin Michelle Alexander, The New Jim Crow na 2010, a kan yadda gidajen yarin Amurka suka cika da baƙaƙen fata, ya yi suna tun kafin fim, amma fitowarta a 13th na Ava DuVernay a Netflix a 2016 ta kai hujjarta gidajen da ba a sayen littafin shari'a. Ita da Bryan Stevenson, wanda shi ma ya fito a fim ɗin, lauyoyi ne da suka yi aiki a kan abin da suke magana a kai. Basil Davidson ɗan jarida ne, ba shi da digiri, amma shirinsa na Africa a 1984 ya nuna wa masu kallon Birtaniya kufan tsofaffin biranen Afirka na Meroe da Babbar Zimbabwe, shekara 21 bayan Hugh Trevor-Roper, farfesan tarihi na Oxford, ya ce Afirka ba ta da tarihin da za a koyar sai na Turawan da suka shige ta. Saboda haka takardar digiri ba ita ce ma'aunina ba. Trevor-Roper ɗin nan shi ne a 1983 ya tabbatar da ingancin kundin sirrin Hitler da ya zamo jabu, ya janye bayan an riga an buga labari. Babban muƙami bai hana mutum zamewa idan aka matsa masa ya yanke hukunci kafin a rufe shafi.

Abin da nake nema daga mai sharhi bai da yawa. Ya tambayi masu shirin su wane ne sauran baƙin kuma ina aka dosa, kafin a maƙala masa makirufo. Ya zo da abin da za a gani, wasiƙa ko taswira ko rijista, ya nace a nuna. Idan aka tambaye shi abin da ba fanninsa ba, ya ba da sunan wanda ya fi shi sani, ko da hakan na nufin kujerar ta tafi wurin wani. Idan za a rubuta tarihin aikinsa, ni na fi son in ji gayyata nawa ya mayar a kan shirye-shirye nawa ya shiga.

Nauyi mafi girma yana kan masu shiryawa, kuma yanzu ba su da uzurin da suke da shi a zamanin kaset. Cikakkun hirarrakin Eyes on the Prize suna ajiye a Jami'ar Washington da ke St. Louis, an kuma sa su a intanet. Sama da awa 200 na abin da Lanzmann ya ɗauka bai saka ba suna gidan tarihin Holocaust, wato kisan ƙare dangin Yahudawa, na birnin Washington. Shirin Frontline na PBS ya ɗauki al'adar wallafa hirarrakinsa ɗungurungum, ta yadda mai kallo zai duba jimlar da aka saka a shirin ya ga abin da aka faɗa kafinta da bayanta. Ba kowa zai zauna ya saurari awa biyu ba, na sani. Amma ɗalibi ɗaya ko ɗan jarida ɗaya ya isa, kuma editan da ya san za a iya dubawa hannunsa zai yi nauyi kafin ya yanke "wataƙila". Shi ma mai sharhin da ya saba maimaita labari guda a shiri biyar, yana sauya masa riga kawai, za a gan shi a jere. Duk tashar da ke da kuɗin tura ma'aikata da fitilu gidan farfesa tana da kuɗin ɗora fayil ɗin hirar a shafinta ranar da shirin ya fito, kuma idan ta ƙi, ya dace a tambaye ta dalili.